Kantoman da Ya Ɗaure Jirgin Fitonsa

Kai da ake ta zugawa ka tsaya takara, zauna ka ji wannan. A can ƙasar Rasha, a wata gunduma mai nisa inda kogi ke daskarewa rabin shekara, an yi wani kantoma da bai iya zaman ofis ba. In gada ta karye, shi za ka tarar a bakinta da takalmin roba. Shi ya tsaya tsayin daka har aka kawo jirgin fito a kogin, don ƙauyukan tsallake, ciki har da na tsohuwarsa, su riƙa samun likita idan ƙanƙara ta narke. Jama'a suka ce irin wannan ai ya fi ƙarfin gunduma, suka tura shi majalisar ƙasa a Mosko. Can ya tarar aikin ba na ƙafa ba ne, na yatsa ne. Ga maɓallai a gabanka, ga jagoran jam'iyya a sahun gaba: in ya ɗaga babban yatsa a danna na amincewa, in ya kifar a danna na ƙi. Da farko yakan raɗa wa na kusa da shi, wai me ake zaɓa? A ce masa gyaran doka ne. Gobe ma gyara, jibi ma gyara. Kansa ya ɗaure tamau, har ya gaji da tambaya, yatsan ya koyi aikin ba tare da mai shi ba.

Ana nan, da bazara, aka aiko masa cewa tsohuwarsa na kwance tana ta kiran sunansa. Ya hau jirgin sama, ya hau mota, ya iso bakin kogi hankali tashe. Sai ga jirgin fito a kan tudu, ɗaure da sarƙa, ciyawa har ta tsiro a ƙarƙashinsa. Gada mafi kusa kuwa tafiyar kwanaki ce. Gogan naka ya hau faɗa: wane marar imani ya yi wannan? Ina ɗan majalisar yankin nan, da ba a kai masa kuka ba? Tsohon mai fito ya tuɓe hula ya ce, "Ranka ya daɗe, ai kai ne. Dokar rufe ƙananan mashigai ce, kuma mun ji an ce ko mutum ɗaya bai ƙi ba." Gogan naka ya zuba wa yatsansa ido. Yaushe? A wane gyaran? Ya yi tunanin duniya ya kasa tuna ranar. A tsallake kuwa yana hango ƙofar gidan tsohuwa, maƙwabta na ta shiga, babu mai fitowa.

To, ka ji. Ba banza ba Hausawa suka ce tsuntsun da ya ja ruwa, shi ruwa kan doka.