Lambar Gwiwar Hannun Mai Tukwane

Wata dattijuwar ma'aikaciyar asibiti, wadda ta tsufa tana koyar da masu ajiyar bayanan marasa lafiya, takan ba sababbin ma'aikata wannan misali kafin ta bari su taɓa kwamfuta.

Ta ce an yi wani matashi a wani ƙaramin asibitin karkara, aikinsa ya karanta abin da likita ya rubuta game da majinyaci, ya mayar da shi lamba. Kowace cuta da lambarta, kowane rauni da tasa. Ko a gwiwar hannu kaɗai, targaɗe daban, gocewar ƙashi daban, karaya daban. Da wannan lamba babban asibitin birni yake tsara wanda za a gani yau da wanda zai jira. Matashin bai daɗe da dawowa daga kwas ba, kansa kuwa yana ja, har ya kai yana bugun ƙirji cewa lambobin duk suna kansa. Ba ya buɗe littafi, ba ya tambayar kowa, in ya ga abokan aikinsa sun buɗe nasu sai ya yi musu dariya.

Ran nan aka kawo wata tsohuwa mai ginin tukwane. Santsi ne ya kwashe ta a ramin da take haƙar yumɓu, ta tokare da hannun dama, gwiwar hannun ta kumbura suntum. Likita ya duba, ya naɗe mata hannun, ya rubuta a tura ta birni wurin likitan ƙashi, ya wuce ɗaki na gaba inda wata mai naƙuda take jiransa. Takardar ta iso teburin matashin da rubutu kamar kaza ta yi tono, kalma ɗaya ta ƙi karantuwa. Ya matso da ita ido, ya karkata ta wajen taga, a banza. Zuciyarsa ta ce ya tashi ya tambaya, ga muryar likitan ma yana jiyowa ta bango. Sai ya ɗaga kai ya ga abokan aikin nan suna kallonsa. Ya ce a ransa, ai yawancin masu zuwa da gwiwar hannu targaɗe ne. Ya danna lambar targaɗe, wadda adadi ɗaya tak ya raba ta da ta gocewar ƙashi. Mutanen birni suka ga targaɗe, suka ba ta rana sai bayan damina. Ta karɓi maganin rage zafi, ta sa wa matashin albarka, ta koma ƙauyensu.

Da kaka ta yi, tsohuwar ta je birni. Likitan ƙashi ya ɗaga hoton hannun a gaban fitila, ya duba. Ƙashin ya goce tun ranar da ta faɗi, nama ya kama shi a karkace, ya daskare a haka. Abin da za a mayar da shi a yini ɗaya da an kawo ta da wuri, yanzu sai tiyata, kuma ko an yi babu tabbas hannun zai miƙe. Aka bi sawu, sawu ya tsaya a teburin matashin.

Da likitan karkara ya aika a kira shi, ya shiga ofis ya tarar da wata tsohuwa a kan benci, bai ma gane ta ba. Hannun ya shanye ya zama kamar kara, yana lanƙwashe a ƙirjinta, rataye da tsohon ɗankwali a wuya. Yatsun da suka saba murza bakin tulu sun ƙandare. Tana gaya wa likita tun ranar nan ko kasko ba ta gina ba, yumɓun da ta jiƙa ya bushe ya tsattsage, alwala ma sai an zuba mata ruwa. Likita ya miƙo masa takardu biyu, ta rubutun hannu da ta kwamfuta. Ya duba wannan, ya duba waccan. Kalmar da ta gagare shi a da, yau ta fito masa ƙuru-ƙuru. Sai ga shi durƙushe a gaban tsohuwar.

Ya ce, "Inna, ni ne. Ban gane rubutun ba, na rubuta abin da nake zato."

Ta dube shi, ta dubi hannun. Ba ta ɗaga murya ba. Ta ce, "Ɗana, likitan tafiya ya yi ranar?"

Ya ce, "A'a, Inna. Yana ɗaki na gaba."

Ta sa hannun hagu ta gyara ƙullin ɗankwalin a wuyanta, ta nemi a taimaka mata ta tashi. An yi tiyatar daga baya, zafin ya ragu, amma hannun bai sake miƙewa ba, kuma ba ta sake gina tukunya ba har ta koma ga Allah.

In dattijuwar ta kawo nan, sai ta dubi sababbin ma'aikatan ɗaya bayan ɗaya, ta ce: shi ya sa Hausawa suka ce, ƙaramin sani ƙuƙumi ne.