Ranar da Haliru Ya Ɓoye Ƙwarya

Haliru ya cusa ƙwaryar garinsu cikin rumbu yana murmushi. A Giwa Tazo, ranakun mako a cuɗe suke cikinta. Sai an ɗaga faifan da ke rufe ta da safe sannan rana ɗaya ta tabbata. Shi kuwa ya yi wa surukinsa Malam Kalilu alkawarin dashen albasa ran Asabar. Ba buɗewa, ba Asabar.

Yana shimfiɗa tabarma, sai ga tsohon da fartanya.

"Baba, ai ba a buɗe ba. Wa ya san wace rana ta?"

"Shi ya sa niz zo, ɗana. Muddin tana rufe, yau duk ranakun na, har da Asabar. Gobe ma haka." Ya miƙa mai fartanya. "Kak ka yi gaggawar nemo ta. Fadamata babba ta."