Hatimin Sharifai

Ranar da Hure ta rasu, abin da ya fi damun Hajiya Sa'adatu shi ne wa zai wanke tulin kayan alhazan da aka jiƙa.

Duk unguwar Jarwal ta Makka an san Sa'adatu sharifiya ce, don ita da bakinta ta sanar da kowa. Shaidarta ɗigo uku ne kore a damtsen hagu, waɗanda marigayiya Maryama da ta raine ta ta ce hatimin sharifai ne. Ba a tashi daga buki sai ta naɗe hannun riga mata sun gani. Baƙin fatar kuwa, in ji ta, ranar Makka ce.

Hure tana cikin waɗanda suka zo hajji da ƙafa suka maƙale babu takardar zama. Shekara talatin tana wanki a gidan, tana kwana a ɗakin gawayi. Ko a bakin baho ba ta naɗe hannun rigarta ya wuce gwiwar hannu. Ba ta haɗa ido da Sa'adatu, ba ta taɓa kiran sunanta ba. In ta kama dole, sai ta ce "waccan".

"Kun ga tarbiyya," Sa'adatu kan ce wa baƙi. "Jahila ce, amma ta san darajar sharifai."

Da hantsi Ɗaso mai wankan gawa ta shigo da wasiyya: Hure ta roƙi Sa'adatu ta zuba mata ruwa.

"Ni? Haba, ya Hajja! Ina danginta?"

"Taho dai, ranki ya daɗe. Buta ba ta karya sharifci."

Sa'adatu ta je don kada maƙwabta su yi da ita, tana toshe hanci da gefen mayafi. Ɗaso ta yaye zane daga damtsen hagu na mamaciya. Ɗigo uku, kore.

Butar ta suɓuce wa Sa'adatu. "Subhanallahi! Ashe sharifiya na ajiye a ɗakin gawayi!"

"Wane sharifci? Jarfa ce," in ji Ɗaso. "Wanzami ya yi musu a tashar Sawakin kafin su hau jirgin ruwa, ita da jaririyarta, don ko sun rabu. Da suka iso ta ba wata mai takarda riƙon yarinyar, ita ta zauna tana musu wanki."

Ta tsinci butar ta danƙa mata a hannu.

"Zuba, Hajiya. Duk Larabcin nan naki ba wanda ya gaya miki? Bahaushiya ba ta kiran sunan 'yar fari."