Kek Ɗin Korar Maƙwabciya

Vernon ya zazzaga gishiri a markaɗaɗɗiyar gyaɗa, ya shafe ta da jam na 'ya'yan itace, ya haɗa kek da ita, ya bar shi ya ƙone. Tun rasuwar matarsa, maƙwabciyarsa Lorraine ke yi masa sintiri da tiren abinci da surutu, ta hana shi karatu. A ƙauyensu na jihar Iowa ta Amurka kuwa ba a mayar da tire wayam. Yau zai mayar mata da abin da zai kore ta har abada.

Da ya kai mata kek ɗin, ta gutsura, ta tauna da ƙyar, idonta ya kawo ruwa.

"Vernon, da hannunka ka yi wannan?"

"Iyakar iyawata ke nan," ya ce, yana danne murmushi.

"Wayyo, bawan Allah! Miƙo makullin gidanka. Daga gobe ni ce mai girki, safe da yamma."