Minti Biyar Ɗin Hafizu

"Minti biyar, ranki ya daɗe! Ga ni a bakin get!"

Karo na huɗu ke nan ina faɗa wa Farfesa Nabilah haka a waya. Na farko ina banɗaki da soso a hannu. Na biyu ina shan koko a Jikwoyi. Yanzu kuwa ko Jabi ban kai ba.

Ƙarfe takwas aka sa min intabiyu a Makarantar Nazarin Lokaci da ke Jiwa, wadda Farfesa ke shugabanta. Yaya Rukayya, wadda nake zaune a gidanta tun da na bar makaranta a aji uku, ta rantse in na rasa gurbin karatun nan, jakata za ta riga ni zuwa tasha.

Sha ɗaya da kwata na faɗa ofishin ina gumi. Malamai shida, kowa da agogo a gabansa. Na fara shirya ƙaryar fashewar taya, Farfesa ta ɗaga hannu.

"Hafizu, ba za mu ɗauke ka ɗalibi ba."

Na juya zan fita, sai ta ci gaba da magana.

"Shekara tara muna binciken yadda ake miƙa minti biyar. Babban gwaninmu bai wuce minti arba'in ba. Kai ka kai shi awa uku da kwata, ko muryarka ba ta rawa. Koyarwa za ka yi. Gobe ƙarfe takwas."

"Wallahi bakwai da rabi ina nan, Hajiya!"

"Madalla," ta ce, sannan ta juya wajen sakatarenta. "Lawal, faɗa wa ɗalibai su zo sha biyu."