Tagar Tauraron Lauje

Kwana tara ke nan tana hawa matakalar hasumiyar, kullum kuma tana saukowa ba ta taɓa igiyar ƙararrawa ba.

A garin ba a sa wa hatsi lauje sai mai duba ya ga Tauraron Lauje. Haka aka gada. Tun kafin asuba mai duba zai fita ba takalmi, ya ratsa gonaki ɗaya bayan ɗaya, a kowace ya murje ƙwaya guda ya tauna, wai don ya kai wa sama gaisuwar ƙasa. Sannan ya hau hasumiya shi kaɗai, ba fitila, ya ɗaga fatar da ta rufe 'yar tagar bangon gabas, ya kafa ido. Tagar ba ta fi bakin kofi ba, kuma ba a sa mata hannu. Kafin gari ya yi haske zai mayar da fatar ya sauko. Ranar da tauraron ya leƙo sai ya kaɗa ƙararrawa, kowa ya nemi gafarar maƙwabcinsa a kan iyakar gona, a shiga yanka.

An ce mai dattin zuciya ba ya ganinsa.

Mahaifinta ya shekara talatin da ɗaya yana wannan aiki, bai taɓa sa gari asara ba. Bana, ana saura wata guda a fara duba, ɓarin jikinsa ya shanye, harshe ya karye. Da dattawa suka tambaye shi wa zai hau, sai ya ɗaga hannun da ya rage masa, ya tsallake ƙaninsa, ya nuna 'yarsa, wadda tun tana ƙarama ba ta da aiki sai bin sa gona.

Sama tas take duk kwanakin nan. A hanya taurari kamar an watsa gishiri. Amma da ta ɗaga fatar, sai duhu, baƙi ƙirin.

Ta soma binciken kanta. Ta je ta durƙusa wa ƙanwarta da suka shekara biyu ba sa ga-maciji. Ta roƙi gafarar Inna kan maganar da Innar ma ta manta. Ta bar cin abincin rana. Duk da haka duhu.

Hatsi kuwa ba ruwansa da jira. Ran na uku ƙwaya na fitar da ruwa fari a bakinta. Ran na shida tana manne wa haƙori. Yau, kwana na tara, ƙaras ta ji ta fashe, tun daga gonar farko har ta ƙarshe. Tsuntsaye sun fara sauka garke-garke, iska ta juya, tururuwa na kwashe ƙwai zuwa tudu.

A gindin hasumiya ta tarar da mutane tsaye, kowa da laujensa a kafaɗa.

"Ko idon ne, 'yar nan?" in ji mai niƙa. "In ciwo yake a samo miki kwalli."

Ba wanda ya yi dariya. Baffanta ya ja ta gefe.

"Faɗa mini gaskiya, 'yata. Rashin iyawa ba abin kunya ba ne."

"Baffa, sai na gani."

"Ganin naki za mu ci da rani? Gobe in ban ji ƙararrawa ba, ni zan hau."

Asubar ta goma, walƙiya na wasa can ƙarshen sama. Ƙasa ta yi sanyi ƙarƙashin ƙafarta, iskar na ɗauke da ƙanshin ruwa. Ta tauna ƙwayar ƙarshe, ta hau, ta ɗaga fatar. Ta duba har idon ya kawo ruwa. Babu komai.

Ta tsaya riƙe da igiya. In ta ja, ta yi wa gari ƙarya a wurin da ba a ƙarya. In ta bari, ruwan zai kwantar da abincin shekara a cikin taɓo. Ta tuna yaran ƙanwarta su huɗu. Ta rufe ido ta ja.

Gari ya ɗauka. Maƙwabta suka rungumi juna a kan iyaka, wasu har da kuka, lauje ya shiga aiki. Kwana uku ba a zauna ba. Ran na huɗu, an kai dami na ƙarshe rumbu ke nan, sama ta tsage da ruwa da ƙanƙara, har rufin makaranta ya tafi.

Aka yi ta zuwa gaishe ta. Mai niƙa ya cire hula. Baffa ya ce jini ba ya ƙarya.

Da hantsi ta shiga ɗakin mahaifinta, ta rufe ƙofa, ta durƙusa.

"Baba, ban gan shi ba. Ko sau ɗaya. Ƙarya na yi musu."

Ta jira ya kau da kai. Sai ta ga ɓarin bakinsa mai rai ya motsa, hawaye na gangarowa kan matashi. Ya nuna hasumiya ta taga.

"Yanzu? Da rana, Baba? Ai an hana."

Ya bugi katifa sau biyu, ya miƙe yatsunsa ya tura su gaba, kamar mai zura hannu cikin tulu.

Ta hau, rana na bin ta a matakala. Ta ɗaga fatar. Ko ɗigon haske bai shigo ba. Ta ja numfashi, ta zura hannu, ko wuyan hannun bai shige ba yatsunta suka ci karo da dutse: tun ranar da aka gina hasumiyar, ba a taɓa huda tagar ta fita waje ba.