Mai Ƙara Shi Kaɗai

Tun da kotu ta kafa turakan ƙarfe masu magana a bakin fadamar Kwarin Gawo, ba mai iya taka wurin sai wanda sunansa ke cikin shari'ar. Barau ne ya kai ƙarar kamfanin da ya killace fadamar, a madadin gari duka, amma kowa ya noƙe, har ƙanensa Jatau.

Ranar da Barau ya rasu, Jatau ne a gaban makara. Hanyar maƙabarta kuwa ta cikin fadamar ta bi. Suna isowa, turken ya yi sallama.

"Barka da zuwa, Malam Barau. Wuce."

Jatau ya ɗaga ƙafa, ta ƙi gaba kamar an ɗaure ta.

"Ai ya rasu," in ji shi. "Binne shi za mu yi."

"Kotu ba ta sami labari ba. Mai ƙara ya wuce shi kaɗai."

Jatau ya waiwayi liman. "Allah gafarta Malam, da mu yake ko da shi?"

Liman ya nuna masa turken. Rana ta take, kafaɗun masu ɗauke da makara suka fara gajiya.

"To, in mun shiga ƙarar fa?" Jatau ya tambayi turken.

"Ku ɗora yatsunku a jikina."

Suka ɗora ɗaya bayan ɗaya, ba wanda ya san abin da ya ɗauko wa kansa.

"Saura amincewar mai ƙara na farko," in ji turken. "Malam Barau, ka yarda da su?"

Jama'a suka zuba wa likkafanin ido. Jatau ya sunkuya kusa da kan gawar.

"Yaya," ya ce a hankali, "don Allah."